Sabon hoto cikin rigar tsoho: jan kunne ga masu ɗaukar bidiyo na Diffa da kwarin Komadugu

Yau za mu yi magana a kan wata dabara da ta shigo hannun samari masu sana'ar ɗaukar hoto mai motsi, wato dabarar mayar da sabon hoto tsoho. Mutum ya ɗauki bikin aure ko na suna da wayar salula da hantsi, kafin la'asar ya sa shi cikin wata manhaja, sai ga hoto ya fito da ɗige-ɗige da ƙarce-ƙarce, launinsa ya koɗe, yana ƴar rawa, har ka rantse tun zamanin Diori Hamani aka ɗauke shi. Wannan abu ya game duniya, kuma duk inda waya ta kai shi ma ya kai, har da Diffa mai nisan kilomita fiye da 1300 daga Yamai.

Abin sha'awa ne, babu shakka. Amma a ƙasar Manga, inda tabki ya janye ya kuma komo, inda aka tashi garuruwa sukutum cikin ƴan kwanaki, tsohon hoto shaida ce da mutane ke dogara da ita. Saboda haka ya kamata mu san yadda abin ke aiki, da amfaninsa, da inda yake iya cuta mana.

YADDA FIM NA DA YAKE

Kafin zuwan kaset da kwamfuta, a kan wani dogon zare mai faɗi ake ɗaukar hoton sinima, mai kama da leda, da ƴan huji jere a gefensa, a naɗe kamar gammo. An shafe fuskar zaren da wani haɗi mai ɗauke da ƙananan ƙwayoyin gishirin azurfa, waɗanda ke sauyawa in haske ya taɓa su. Akwai mai faɗin milimita 35 na manyan gidajen sinima, akwai mai milimita 16 wanda kamfanin Kodak na Amurka ya fitar a 1923, akwai kuma ƙaramin nan Super 8 na masu ɗaukar iyalinsu, wanda ya fito a 1965. A cikin kowace daƙiƙa guda, hotuna 24 ne ke wucewa a gaban idon kamara.

Daga jikin wannan zare ne duk alamomin da muke kira na tsohon fim suka samo asali. Ɗige-ɗigen nan masu motsi kamar tsaki, sawun ƙwayoyin azurfa ne, tun da yake ba a jere suke ba kuma girmansu ba ɗaya ba ne. Jan zoben da ke kewaye fitila ko taga mai haske yana samuwa ne in haske ya ratsa zaren ya bugi bayansa ya komo, ya taɓa shimfiɗar da ke karɓar jan launi, wadda ita ce ta ƙarƙashi. Rawar hoto kuwa daga haƙoran injin da ke jan zaren take, don ba su ajiye kowane hoto daidai inda na baya ya tsaya. Ƙarce da ƙura daga yawan shiga injin majigi suke. Launin da ke komawa ja-ja shi ne alamar tsufa, domin rinin shuɗi da na rawaya sun fi saurin koɗewa. A taƙaice, yawancin abin da ake saye da kuɗi a yau don ado, lahani ne da masu sana'ar da suka yi ta fama su rabu da shi.

WAHALAR DA MAGABATA SUKA SHA

Ƙasarmu Nijar ba baƙuwa ba ce a wannan fage. Jean Rouch, Bafaranshen da ya zo a 1941 da aikin injiniya, ya bi kogin Kwara cikin jirgin ruwa a 1946 da 1947 riƙe da kamara mai milimita 16. Irin wannan kamara wani ake yi mata kamar agogo, kuma wani guda ba ya wuce daƙiƙa ashirin da ƴan kai. Naɗin zare mai mita 30 bai cika minti uku ba yake ƙarewa. Da an gama ɗauka sai a aika zaren Faransa a wanke, mai fim bai san abin da ya kama ba sai bayan makonni ko watanni.

Cikin wannan hali ne Moustapha Alassane ya yi Aouré a 1962, ya kuma yi Le Retour d'un aventurier a 1966, inda Zalika Souley ta fito. Cikinsa ne Oumarou Ganda ya yi Cabascabo, wanda aka nuna a Cannes a 1969, sa'an nan fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972, shekarar da aka fara ba da ita. Djingarey Maïga da Inoussa Ousseïni da wasunsu suka bi sahu. Waɗannan mutane ba su da zaren ɓarnatarwa. Kafin su taɓa kamara sai sun auna rana, sun gwada ƴan wasa sau da yawa, sun san inda inuwa za ta faɗa. Kyan da muke gani a ayyukansu daga wannan natsuwa ya fito, ba daga ƙarce da ƙura ba.

Daga baya kaset ya zo, ya sauƙaƙa aiki. A Kano aka yi Turmin Danya a 1990, kasuwar fim ɗin Hausa ta buɗe, kasusuwa suka bi ƴan kasuwa har bakin Komadugu. Bayan kaset sai faifan CD, bayansa sai katin waya. Shi kuwa zaren fim sai ya ja baya: Kodak ta daina yin nau'in Kodachrome a 2009, ta faɗa cikin karayar arziki a 2012 kafin ta farfaɗo, Fujifilm ta Japan kuma ta daina yin zaren ɗaukar sinima a 2013. Har yanzu akwai manyan masu fim da ke amfani da shi, kamar yadda aka yi a Oppenheimer na 2023, sai dai tsadarsa ta fi ƙarfin talaka.

YADDA MANHAJOJIN KE AIKI

To, da zaren ya yi wuya sai mutane suka fara kewarsa. Hoton kamarar zamani tsaf yake, komai ya fito tar, har wasu suna ganin ya yi bushe-bushe da yawa. Wannan ya sa aka ƙirƙiro ƙananan manhajoji na ƙari, waɗanda ake maƙalawa a jikin babbar manhajar haɗa hoto irin su Adobe Premiere Pro ko DaVinci Resolve, kamar yadda ake ɗaura amalanke a bayan sa. Cikin sanannunsu akwai FilmConvert da ake yi a New Zealand, da Dehancer, da Magic Bullet Looks. A 2024 su ma masu DaVinci Resolve suka sa irin wannan sashe a cikin fitowa ta 19. A waya kuwa, CapCut da makamantanta suna da nasu, wanda taɓawa guda ta isa.

Masu yin na ƙwarai ba da ka suke aiki ba. Sukan ɗauki allo mai launuka iri-iri da zaren fim na gaske, su kuma ɗauki allon nan da kamarar zamani, sa'an nan su auna bambancin da ke tsakani. Daga nan sai su tsara wani jadawali wanda ke gaya wa kwamfuta cewa in ta ga wannan ja, ta mayar da shi wancan ja, in ta ga wannan kore ta mayar da shi wancan. Tsakin hoton kuma daga zaren gaske ake kwafo shi, ko kwamfuta ta lissafa shi, a shimfiɗa a kan sabon hoto. Bayan haka sai a ƙara jan zoben fitila, da rawar hoto, da ƙyaftawar haske, kowanne da ma'auninsa. Wasu manhajojin waya har kwanan wata na ƙarya suke bugawa a kusurwar hoto, da irin rubutun kamarar kaset ta shekarun 1990.

Akwai wata hasara da ya kamata mai sana'a ya sani tun da wuri. Tsaki yana ƙara wa bidiyo nauyi, domin kowane hoto ya bambanta da na bayansa a ko'ina. In aka tura shi ta WhatsApp ko Facebook, sai a matse shi don ya yi sauƙin tafiya, tsakin nan ya dagule ya koma dabbare-dabbare. Ga kuɗin intanet ya tafi, ga hoto ya lalace. Wanda ya san ta waya za a kalli aikinsa, gara ya rage tsaki ƙwarai ko ya bar shi.

FATARMU DA HASKEN ƘASARMU

Wani abin lura shi ne, zaren da ake kwaikwayo ba don mu aka auna shi ba. Tun daga shekarun 1950, Kodak takan aika wa masu wanke hoto wani kati mai hoton Baturiya, ana ce masa katin Shirley, da shi ake daidaita launi. In fuskar Baturiyar ta fito daidai, an ce injin ya daidaita. Baƙar fata kuwa sau da yawa sai ta nutse cikin duhu, ba a ganin komai sai ido da haƙori. Wata malamar jami'a a Kanada, Lorna Roth, ta nuna cikin bincikenta na 2009 cewa koken masu sayar da cakulan da masu kayan katako, waɗanda hajarsu ba ta fita da kyau a talla, yana cikin abin da ya sa kamfanin ya gyara. Sai a tsakiyar shekarun 1990 aka fitar da kati mai mata na launi daban-daban.

Saboda haka wanda ya ɗauko jadawalin wani tsohon zare ya ɗora wa amarya Bamanga ko Bafulatana ba tare da gyara ba, yana iya komo da wannan tsohon lahani da hannunsa. Lallen hannu ya ɓace, kitso ya haɗe da inuwa, fuska ta yi toka-toka. Iyayen amarya kuwa ba don ganin ƙarce suka biya kuɗi ba, ƴarsu suke son gani.

Haka nan batun launin ƙasa. Masu fim na ƙasashen waje sun saba rina hoton ƙasashe masu zafi da rawaya, don mai kallo ya ji ƙura da wahala tun kafin a ce komai. Diffa tana da nata launuka. Akwai jan tattasai da aka shanya a kwarin Komadugu, wanda ake yi wa kirari da jan zinariya. Akwai koren shinkafa da na goruba a bakin ruwa, da farin rairayin Tal kusa da Ngigmi, da fararen shanun Kuri masu manyan ƙaho a tsibiran tabki. Hazon hunturu kansa, da iska ke kwasowa daga kwarin Bodele na ƙasar Cadi, yana tausasa hasken rana fiye da yadda kowace manhaja za ta yi. Ba daidai ba ne ɗan ƙasa ya rufe duk wannan da rawayar aro.

HOTO SHAIDA NE

Yanzu mun zo kan babbar magana. Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma tarihin tabkin Cadi ya tabbatar da haka. A 1963 wani tauraron ɗan'adam na leƙen asiri na Amurka ya ɗauki hoton tabkin a kan zaren fim, aka sako zaren ƙasa cikin ƙunshi, ba a bayyana hotunan ga jama'a ba sai 1995. A watan Oktoba na 1968 kuma ƴan sama jannatin Apollo 7 suka ɗauke shi da kamarar hannu. A wancan zamani faɗin ruwan ya kai wajen murabba'in kilomita dubu 25, Ngigmi kuwa a bakin ruwa take. Farin shekarun 1973 da 1974 ya raba tabkin biyu. Na 1984 ya ƙara tsananta abin, har ɓangaren arewa, wanda shi ne namu, ya ƙafe ƙaf a wasu shekaru. Daga ƙarshen shekarun 1990 ruwa ya riƙa komowa, yana ci gaba yana ja da baya. Abin da ya sa masana ke iya kwatanta jiya da yau shi ne, kowane ɗaya daga cikin waɗannan hotuna an san ranar da aka ɗauke shi.

Ita ma Komadugu ta sauya. Ruwanta daga kogunan Haɗeja da Jama'are na Najeriya yake fitowa, ya yi iyaka tsakanin ƙasashen biyu na wajen kilomita 150, ya faɗa tabki kusa da Bosso. Madatsar ruwa ta Tiga da aka gama a 1974, da ta Challawa ta 1992, sun taɓa yadda ruwan ke isowa. A 2019 da 2022 kuma kogin ya yi ambaliya, ya ci gonaki da gidaje. Manomi da masunci da ma'aikacin gona duk suna bukatar sanin inda ruwa ya taɓa kaiwa, da shekarar da ya kai.

Sa'an nan ga abin da ya fi ciwo. Ranar 6 ga Fabrairu 2015 ƴan Boko Haram suka kai hari Bosso da Diffa. A watan Mayu na wannan shekara aka kwashe dubban mutane daga tsibiran tabki. A watan Yuni 2016 aka sake afka wa Bosso, jama'a suka watsu suka zauna a bakin babbar hanya, a wurare irin su Kinjandi da Garin Wanzam. Mai gudun rai ba ya tsayawa ɗaukar akwatin hotuna. Akwai yaran da aka haifa a zaman gudun hijira, waɗanda ba su san garin iyayensu ba sai a labari. In wata rana aka nuna musu hoto aka ce ga garinku a da, za su gaskata da zuciya ɗaya.

To, a nan haɗarin yake. A ce wani saurayi ya ɗauki masunta a bakin ruwa bana, ya sa masa tsaki da ƙarce don sha'awa, ya tura wa abokansa. Waya tana rubuta ranar ɗauka a cikin hoton, amma wannan bayani yakan ɓace in hoto ya bi ta hannu da yawa. Kafin a jima wani ya rubuta a ƙarƙashinsa cewa Ngigmi ce a 1965. Saurayin bai yi nufin ƙarya ba, amma ƙarya ta samu, kuma shekara ashirin nan gaba ba mai iya warware ta. Mai mugun nufi kuwa yana iya yin haka da gangan, a kan rigimar gona ko burtali ko mashaya, ya ce ga shaida tun kakanni. Kama da wane ba wane ba ne, amma sai wanda ya sani ke bambancewa. In kuma jabu ya yi yawa, har na gaskiyar ma sai a daina yarda da shi.

NA GASKIYAR SUNA LALACEWA

Abin takaici, muna ta tsofar da sabo alhali tsohon na gaske yana ruɓewa. Zafi da laima su ne maƙiyan zaren fim. In ya fara lalacewa sai ya riƙa wari mai tsami, ya ƙanƙance, ya lanƙwashe, ya kuma harbi na kusa da shi. Kaset ma haka, ƙura da zafi suna cinye shi, ga kuma injin kunna shi ya yi wuya, domin kamfanin ƙarshe da ke ƙera injin VHS, Funai na Japan, ya daina a 2016. Yawancin asalin finafinan magabatanmu a Turai suke ajiye, tun da can aka wanke su. A 2017 wata gidauniya ta Martin Scorsese, tare da UNESCO da ƙungiyar masu fim ta Afirka, FEPACI, suka ƙulla shirin gyara finafinan Afirka guda 50. Wannan abin yabo ne. Amma hoton hawan sallah na Maine-Sorowa, ko kaset ɗin auren wata baiwar Allah a Gudumariya, ko hoton kasuwar kifi ta Ngigmi da ke ƙasan adaka, ba wanda zai taso daga wata ƙasa ya cece su. Wannan aikinmu ne.

ABIN DA YA KAMATA A YI

Ba mu ce a bar waɗannan manhajoji ba. Mai shirya wasan kwaikwayo da ke son nuna zamanin kakanni, ko mawaƙin da ke son hotonsa ya yi taushi, suna da damar yin amfani da su, kuma kayan aiki ne masu kyau in an iya. Shawararmu ga samari masu wannan sana'a ita ce, da farko, duk hoton da aka sa wa rigar tsufa a rubuta a jikinsa wurin da aka ɗauke shi da shekarar, a farko ko a ƙarshe, yadda ba za a rasa gani ba. Na biyu, a guji kwanan wata na ƙarya ko da da wasa. Na uku, a adana asalin hoton yadda ya fito daga kamara, a wuri biyu, a kuma ba mai biki nasa. Na huɗu, a daidaita hasken fuska kafin a ɗora kowane launi, a duba aikin a ƙaramar waya, tun da nan za a kalle shi.

Ga iyaye da dattawa kuma, duk mai tsohon hoto ko kaset ya fito da shi daga inda zafi da gara ke cinsa. A sa yara su ɗauki kwafinsa da waya, a zaunar da tsofaffi su faɗi sunan gari da shekara da abin da ake yi a ciki, a rubuta tun suna da rai. Jami'ar Diffa, wadda aka kafa a 2014, da gidajen rediyon karkara da fadodin sarakuna suna iya zama wuraren tattara irin wannan dukiya. Cibiyar kula da sinima ta ƙasa da ke Yamai ita ma tana da rawar takawa wajen horar da masu kwafa da adanawa. UNESCO ta keɓe ranar 27 ga Oktoba ta kowace shekara don tunawa da kayan tarihi na sauti da hoto, kuma rana ce da ta dace a yi irin wannan gayya.

Da tsohuwar zuma ake magani, in ji masu iya magana, amma sai in zumar ta gaske ce. Hoton da samarin Diffa ke ɗauka yau, na tattasai da kwale-kwale da masu komawa garuruwansu, shi ne tsohon hoton da jikokinmu za su nema. Mu bar musu shi da launinsa da shekararsa. Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya.